Talatar Farkon Wata

Duk wanda ya tashi a Sakkwato a shekarun 2000 ya san in aka ce gem, ƙwallo ake nufi. Daga Mabera har Runjin Sambo, daga Tudun Wada har Gawon Nama, da wuya ka ratsa unguwa ba ka ga ɗan shago mai labule a ƙofa ba, da benci biyu, da talabijin mai ƙeya, da PlayStation 2 da aka yi wa aiki don ta karɓi kowane irin faifai. Ka miƙa wa mai shago 'yan canjinka, ku zaɓi ƙungiya, wanda aka ci ya tashi ya ba na bayansa hannu. Da Winning Eleven muka fara, sannan PES da FIFA suka biyo. In an gaji a sa Mortal Kombat a ɗan dambace, a sake komawa fili. Iyakar saninmu ke nan, kuma ba mu taɓa jin mun rasa wani abu ba.

A 2015 ne yayana ya je Kano ya dawo da PlayStation 4 ta hannu, cikin kwalin da aka ɗaure da salatif. Ranar da aka haɗa ta a ɗakinsa na zaure, samarin layinmu suka cika ƙofa har da masu leƙe ta taga. Wani ya ce a kai ta wurin mai gyara ya zuba mata wasanni, yadda aka saba. Yaya ya girgiza kai ya ce, "Wagga ba irin ta shago ba ta. Duk randa anka taɓa cikinta, ita da intanet sai gani sai hange. Kuɗɗin shekara za mu biya mata, su kuma su riƙa ba mu wasa duk wata."

Abin da yake nufi shi ne PlayStation Plus. Kamfanin Sony ya fito da tsarin a watan Yunin 2010, zamanin PlayStation 3, ya kuma ƙara masa ƙarfi a 2012 da tarin wasannin da ake ba masu biya. Da PlayStation 4 ta fito a watan Nuwamban 2013, sai ya zama yawancin wasanni ba ka karawa da wani ta intanet sai kana cikin tsarin. Ladan biyan shi ne, ranar Talatar farko ta kowane wata a buɗe maka sababbin wasanni, galibi biyu a na'urar irin tamu. Sharaɗin ɗaya ne: ka shiga kafin wata ya ƙare ka danna ka ce kana so. Ko ba ka da datar saukewa a lokacin, ya shiga rumbunka, yana nan yana jiranka muddin kana biya. In wata ya wuce ba ka danna ba, ya wuce ka ke nan.

Biyan ne aiki. Najeriya ba ta cikin jerin ƙasashen da shagon PlayStation ya sani, don haka da adireshin Amurka Yaya ya buɗe asusu. Katin dala kuma sai an tura wa wani mai sayarwa a Legas naira, shi kuma ya turo lambobi goma sha biyu ta waya. Lokacin kuɗin shekara dala 49.99 ne, dala kuwa tana wajen naira 200 da ɗoriya. Ba kuɗin da ɗalibi ɗaya zai fitar ba ne, shi ya sa muka yi karo-karo. Mai ɗinki ya kawo nasa, mai tsaron kanti ya kawo, ni na tara daga kuɗin kabu-kabun makaranta, ina taka sayyada da yamma in rana ta yi sanyi. Na'urar ta Yaya ce, amma rumbun na majalisa ne, kuma kowa ya san da haka.

Sannan sai saukewa. Wasa ɗaya na iya cin giga talatin, wani arba'in, kuma datar rana ta fi ƙarfinmu. Ta dare muke saye, wadda ke fara aiki bayan sha biyu. Akwai ƙusa a jikin tagar ɗakin ta gabas inda muke rataye ɗan modem a cikin safa, don nan ne kawai sabis ke tsayawa. Mutum ɗaya zai kwana yana gadi, idonsa kan ɗan layin nan da ke tafiya a hankali a fuskar talabijin. In wuta ta ɗauke ya lallaɓa ya tada ƙaramin inji a bayan zaure, yana addu'ar kada ƙarar ta tashi Baba. Wani wasan sai ya ɗauki darare kafin ya cika. Da asuba, a hanyar masallaci, gaisuwa ba ta ƙarewa sai ka ji an ce, "Nawa ya kai?"

Na farkon da ya shiga ranmu ya zo ne ranar 7 ga Yulin 2015, ana shirin shiga goman ƙarshe na azumi. Baba ya riga ya kafa doka cewa ba mai taɓa gem sai an ga wata, kuma dokarsa ta kullum tana nan: "In anka kira salla, kar in ji motsin abin ga." Sai muka sauke muka ajiye. Bayan Salla aka kunna, ɗakin ya kaure da ihu. "Kai, ku dibi, motoci ka bugun ƙwallo!" Rocket League ke nan, wanda wani ƙaramin kamfani mai suna Psyonix ya yi a San Diego ta Amurka, kuma ranar da ya fito duniya ranar aka ba masu biyan kuɗin shekara. Mutum huɗu na iya bugawa a talabijin ɗaya, kowa da kusurwarsa. Gwanayen PES da suka yi shekaru suna cin mu suka koma 'yan koyo, ƙanena ɗan firamare ya zama shi ake rububin ɗauka. Ni ban taɓa ganin abin da ya daidaita manya da yara a ɗakin nan irin wannan ba.

Amma wanda har gobe nake tunawa shi ne Journey, na watan Satumbar 2016. Da muka ga hotonsa, kowa ya taɓe baki. Ba bindiga, ba ƙwallo, ba ko magana. Wani mutum ne sanye da jar alkyabba, fuskarsa a rufe, yana tafiya cikin rairayi, can nesa ga wani tsauni da haske a ƙololuwarsa. Majalisa ta watse, aka bar ni ni kaɗai da hannu. Ina cikin hawa wani tudun yashi sai Inna ta shigo ɗaukar tabarma, ta tsaya a bayana shiru, can ta ce, "Wanga bawan Allah ina za shi, ba raƙumi ba salka?" Na ce tsaunin can yake nema. Ta ajiye tabarmar ta zauna.

Mu da muka tashi muna ganin Buzaye suna shigowa gari ta hanyar Illela, rawani ya rufe musu baki, wannan hoton bai zame mana baƙo ba. Ana cikin tafiya sai ga wani mai irin shigata ya ɓullo daga bayan wani kango. Na ɗauka na'ura ce. Ashe mutum ne mai rai a wata ƙasa, wanda shi ma yake wasan a daidai wannan lokacin. Ba dama in yi masa magana, ba dama in ga sunansa, sai dai wani ɗan sauti da kowannenmu ke iya fitarwa. In na tsaya ya jira ni, in ya ɓace in nemo shi. Da muka isa inda ƙanƙara ke zuba, iska na mayar da mu baya, muka matsa kusa da juna muna tafiya da ƙyar. Inna na cewa, "Kar ka bar shi baya, ɗana." Tafiyar duka ba ta fi awa biyu ba. Sai a ƙarshe aka rubuto sunan da yake amfani da shi, kuma ban sake haɗuwa da shi ba. Da a kasuwa na ga wannan wasan, wallahi ko kwabo ba zan fitar ba.

Nan ne amfanin abin yake a wurina. Mai kuɗi kaɗan ba ya gwaji. In ka tara kuɗin faifai ɗaya a shekara, FIFA za ka saya, don ka san abin da ke ciki. Tsarin wata-wata kuwa ba ya tambayarka abin da kake so. Abin da aka ajiye maka shi za ka tarar, kuma tunda ka riga ka biya ka kwana kana saukewa, dole ka zauna ka ba shi haƙƙinsa. Akwai watannin da aka kawo tarkace, muka danna muka manta. Akwai waɗanda aka kawo abin da Yaya ya duba ya ce wannan ba zai shiga gidanmu ba, aka bar shi nan, kuma daidai ya yi. Amma a tsakanin waɗannan muka gane cewa gem na iya ba da labari, yana iya sa ka tausayi, yana iya koya maka haƙuri.

Haƙuri dai Bloodborne ne ya koya mana shi, a watan Maris na 2018, daidai lokacin da zafin Sakkwato ke haura digiri 40. Na'urar tana huci tana ƙara, sai da muka ɗora ta a kan bulo biyu muka juya mata fanka, mu muna gumi ita tana shan iska. In an gama a lulluɓe ta da tsohon ɗankwalin Inna saboda ƙura. Wasan kuwa ba ya jin tausayi: ka mutu, ka koma baya, ka sake. Wanda ya mutu ya miƙa hannu, dokar shagon gem ta dawo. Ranar da aka kayar da babban dodon farko, har maƙwabci ya leƙo yana tambaya ko lafiya.

A ƙarshen watan Yunin 2019 aka sanar cewa PES 2019 za a bayar a Yuli. Murna har kunne. Ana gab da ranar sai aka sauya shi da Detroit: Become Human, na kamfanin Quantic Dream na Faransa. Ranmu ya ɓaci sosai, amma bayan mako guda ba mai maganar PES. Labari ne na mutum-mutumi uku a birnin Detroit a shekarar 2038, kuma kai ke zaɓa musu abin da za su yi, ana ƙirga maka daƙiƙoƙi. Mai hannu ɗaya ne, amma hukunci na majalisa ne. A ceci yarinya ko a gudu? A yi ƙarya don a tsira ko a faɗi gaskiya? Na ga samari suna kawo abin da suka karanta a makarantar Islamiyya don su kare ra'ayinsu, wanda ya fi mu Turanci yana fassara da sauri, sauran suna "Danna na biyu! Danna na biyu!" Turancin da wasu suka tsinta a zauren nan ya yi musu rana daga baya.

Shekarar korona, da aka rufe makarantu a watan Maris na 2020 kuma jami'o'i suka shiga yajin aiki, rumbun nan ne ya riƙe mu. A Afrilu aka ba da Uncharted 4, a Agusta Fall Guys. Wannan ce shekarar ƙarshe da ɗakin ya cika. Daga nan sai bautar ƙasa ta ɗauki wannan, aiki ya kai wancan Abuja, Yaya ya yi aure ya koma Arkilla ya bar mana na'urar. A watan Mayun 2022 aka ba da FIFA 22, abin da muka yi shekaru muna fata. Na sauke shi, na duba bencin, ni da ƙanena ne kawai.

Ba a jima ba kuɗin shekara ya ƙare, ba kuma wanda za a yi karo-karo da shi. Na kunna wata safiya na tarar da ɗan hoton kwaɗo a jikin kowane wasa, tun daga motocin 2015 har ƙwallon da muka gama saukewa. Mun san sharaɗin tun farko, aro ne muddin kana biya, kuma in ka sake biya kwaɗon zai buɗe. Duk da haka abin ya taɓa ni.

Sake biyan yanzu sai mai hali. A watan Yunin 2022 Sony ya raba tsarin gida uku, a Satumbar 2023 kuma mafi araharsu ya tashi daga dala 59.99 zuwa 79.99 a shekara. A watan ne ma Microsoft ya rufe nasa irin tsarin na Xbox, Games with Gold, wanda ya faro a 2013. A gida kuwa an cire tallafin fetur a watan Mayun 2023, aka saki naira a Yuni, kafin ƙarshen Fabrairun 2024 dala ta haura naira 1,500. Ka lissafa: kuɗin shekara ya kai wajen naira 120,000, alhali mafi ƙarancin albashi da aka amince da shi a 2024 naira 70,000 ne. Ba a yi maganar data da man inji ba. Sony ma ya sanar tun farkon 2025 cewa daga Janairun 2026 hankalinsa zai koma kan wasannin PlayStation 5, wadda har yanzu ba kowane gida ke iya ajiyewa ba.

Yaran layinmu na yau ba su rasa wasa ba. Free Fire da eFootball da Call of Duty suna cikin wayoyinsu, ba sai sun jira Talata ba. Ina ganinsu a bakin titi, kowa ya sunkuya kan tasa da abin ji a kunne. Ba na zarginsu, zamaninsu ne. Amma na fi son namu, don talabijin ɗaya ce a gabanmu, babba yana ganin abin da ƙarami ke kallo, kuma kiran salla ɗaya ke tada mu duka.

Kai da Allah ya hore wa na'ura da kuɗin shekara a garin nan, kada ka kulle ɗaki ka yi kai kaɗai. Ka sayi hannu na biyu, ka kira ƙannenka da yaran maƙwabta, ka duba abin da za a sa musu kafin a kunna. In kuma wata ya kama aka kawo wasan da ba ka taɓa jin sunansa ba, ka danna shi kafin wata ya ƙare.