Sunaye Biyar, Mutum Ɗaya: Tunawa da Mustafa Alhasan

A wani darasi na ƙirƙirar kalmomi, na jera wa ɗalibaina sunayen ma'aikatan fim a allo: marubucin labari, mai shiryawa, mai ba da umarni, mai ɗaukar hoto, mai tacewa. Sai wani ɗalibi da ya daɗe yana yawo da labarin fim a jakarsa ya ce, “Malam, in haka ne ni kam na haƙura, ba ni da halin tara mutum biyar.” Na rasa amsar da zan ba shi. Sai da dare Mustafa Alhasan ya faɗo mini a rai.

An haifi Alhasan a Nijar a 1942. Kanikanci ya fara yi kafin ya haɗu da Jean Rouch a Yamai, ya koyi aikin silima. Daga baya ya je Kanada, ya ƙaro sanin fim na zane a wurin Norman McLaren. A 1962 ya fito da Aouré, wato kalmarmu ta aure a rubutun Faransanci. A 1966 ya yi Bon voyage, Sim, labarin wani kwaɗo shugaban ƙasa da ya tafi ziyarar aiki. Shi ya tsara labarin, shi ya zana kwaɗin da hannunsa, shi ya ba da umarni. Da ya koma Tawa da zama, ya mai da wani sashe na otal ɗinsa ɗakin aikin fim. Ya rasu a 2015.

Rashi ne ya koya masa waɗannan sana'o'i duka, domin da ya tsaya jiran cikakkiyar tawaga, da ko fim ɗaya bai yi ba. Sai dai hanyar tana da haɗarinta: ilimin da ya taru a kan mutum ɗaya yakan bi mai shi kabari. A ajina, babu wanda ya taɓa ganin fim ɗinsa.

Washegari na gyara kuskurena. Na ce wa ɗalibin kalmomin nan biyar sunayen ayyuka ne, ba ƙidayar mutane ba, kuma wayar da ke aljihunsa tana ɗaukar hoto da sauti, tana tacewa. Sharaɗi ɗaya na gindaya masa: ya ja wani ƙane a jiki, duk abin da ya koya ya koya masa. Na ba shi zuwa ƙarshen zango ya kawo mini fim na minti biyar, kusan tsawon tafiyar kwaɗon nan Sim.