Kwaɗo mai riga: abincin zafi ga 'yan ci-rani

Lokacin zafi ya shigo, bari mu yi maganar ciki.

Duk wanda ke nan ranar 19 ga Yuli 2022 ya san zafin Ingila ba wasa ba ne, ranar ya haura digiri 40. Gidajen nan kuma don sanyi aka gina su, riƙe zafi suke yi. Mu da ke haya mutum shida ko bakwai a gida ɗaya, murhu ɗaya, wa zai dawo daga aiki ya tsaya layin tuƙa tuwo? Shi ya sa da yawanmu nan Catford muke ƙarewa a shagunan kaza da soyayyen dankali na Rushey Green. Kullum mai, kullum gishiri, ga kuɗi na zurarewa. Jikin nan fa shi ne jarinmu. Ranar da hawan jini ko suga ya kwantar da kai, na gida ma sun kwanta.

Wata tsohuwa 'yar Biyetnam da muka yi aikin wanke-wanke tare a wani gidan abinci ita ta koya mini wannan. Mutanensu sun zo gudun hijira bayan yaƙin ƙasarsu da ya ƙare a 1975, da yawa suka zauna Deptford. Su suna ce masa goi cuon. Ni kuwa da na ci sai na ce, ai kwaɗo ne aka sa wa riga.

Rigar ita ce wani fai-fai siriri na garin shinkafa da na rogo, a shago ka ce rice paper. Hau bas 47 daga Catford zuwa Deptford, shagunansu na kan babban titi. Ka haɗo da siririyar taliyar shinkafa da tofu, wanda ba komai ba ne illa awararmu. Karas, kokwamba, latas, kabeji, na'a-na'a da mangwaro kuma kasuwar Lewisham, inda ake sayarwa kwano-kwano.

Jiƙa taliyar a ruwan zafi na minti kaɗan, ka tsane, ka ɗauraye da ruwan sanyi. Yanka ganye da awara siri-siri kamar tsinke. Zuba ruwa mai ɗumi a faranti mai faɗi, tsoma fai-fai ɗaya kamar daƙiƙa biyar, ka cire tun yana da ɗan tauri. Nan mutane ke faɗuwa: in ka jira ya yi laushi a ruwa, yagewa zai yi a hannunka. Shimfiɗa shi, jera latas, taliya kaɗan, sai sauran. Kar ka cika, kwaɗayi mabuɗin wahala. Naɗo daga ƙasa, lanƙwaso gefe biyu, ka ƙarasa naɗewa kamar tabarma.

Abin dangwala kuwa namu ne. Markaɗaɗɗiyar gyaɗa cokali biyu, lemun tsami, tafarnuwa, yaji, gishiri kaɗan, ka dama da ruwan ɗumi. In an kawo maka ƙuli-ƙuli daga gida, daka shi kawai.

Abu uku ku riƙe. Na ɗaya, na asali da ake sayarwa a gidajen abincinsu galibi da naman alade da jatan lande a ciki. In za ka saya, ka tambaya, ka ce na ganye zalla. Na biyu, kar ka miƙa wa abokin aiki ba ka faɗa masa akwai gyaɗa ba. A nan akwai waɗanda gyaɗa ke toshe musu numfashi, har rai ake rasawa. Na uku, in za ka tafi da shi wurin aiki, kar su taɓa juna don mannewa suke yi. Rufe da tsumma mai danshi, ka cinye a ranar, in ya kwana a firji tauri yake yi.

Gaskiya ɗaya: abin buɗe ciki ne, ba zai riƙe mai ɗaukar siminti yini guda ba. Mai aikin ƙarfi ya ƙara awara ko dafaffen ƙwai, ya ci biyar ko shida. Amma da daddare, lokacin da ɗaki ke huci kamar tanda, ya wadatar.

Ku gwada ranar hutu, ku tura wa sabbin zuwa. Allah Ya ba mu abin da muka fito nema, Ya mayar da mu gida da lafiyarmu. Amin.