Baƙaƙen Macizan Ƙasar Tangale

In kun bi hanyar Gombe zuwa Yola, kuna wuce Billiri sai Kaltungo, gari a gindin duwatsu. Mun sauka can da damina, sa'ad da ciyawa ta rufe hanyoyin gona. Garin yana da asibitin waɗanda maciji ya sara, yawancinsu kuwa aikin kububuwa ne. Ita launin ƙasa gare ta.

Mu dai labarin baƙaƙen muka nema. Babbansu kumurci, baƙi wuluk, sau da yawa da ja-ja a maƙogwaro. In ya fusata sai ya miƙe ya fasa kai, ya tofa wa mutum dafi a ido daga nisan mita 2. Abin yi na fari, a yi ta wanke idon da ruwa, kana a nufi asibiti. Yakan wuni cikin tsohon suri ko ramin ɓera, da dare ya zo akurki neman ƙwai.

Akwai kuma wani ƙarami mai sheƙi, mazaunin ƙarƙashin ƙasa, mai fitowa bayan ruwan dare. Shi ya fi ba mu tsoro, gama yara sukan raina shi. Ko an riƙe shi a wuya, yakan soki yatsa ta gefen baki.