Asali Kai Ɗan Ina Ne?

Duk Bahaushen da aka haifa a arewacin Benin ya san wannan tambayar tun yana yaro. Ka ce kai ɗan Paraku ne, a ce a'a, asali dai. Ka ce mahaifinka haifaffen Jugu ne, a yi murmushi a ce, "To, Nijar ko Najeriya?" A kasuwar Arzeke wannan ba komai ba ne, hira ce, a yi dariya kowa ya kama gabansa. Ranar da ka tashi neman fasfo ne za ka gane ashe tambayar tana da haƙora.

Ni a 2019 na gamu da ita, lokacin da harkar kayan gyaran babur ta sa dole in fita waje. Lambar shaidata tana hannu, domin an ɗauki hotona da zanen yatsuna a rajistar jama'a da aka fara a 2017, wadda hukumar ANIP ke riƙe da bayananta. Takardar haihuwa ma ina da ita. Abin da ya rage shi ne takardar shaidar zama ɗan ƙasa, wadda kotu ke bayarwa a lokacin. Dokar da ake aiki da ita kuwa ta 1965 ce, tun ƙasar tana Dahome, kuma hanya mafi sauƙi a cikinta ita ce ka nuna a nan aka haife ka, a nan kuma aka haifi mahaifinka. Kenan takardata ba ta isa ba sai da ta Baba, shi kuwa Allah ya yi masa rasuwa shekaru shida kafin nan.

Wani ma'aikaci da ya ji ina amsa waya da Hausa ya ɗago kai ya dube ni, irin duban da ake yi wa baƙo. Bai faɗi wata magana mara daɗi ba. Ni dai na fita ina tunanin cewa gidanmu ya girmi sunan ƙasar nan. Sai a 1975 aka fara ce mata Benin. Tun kafin Faransawa su iso, fataken Kano ke bi ta Nikki su sauka Jugu, da kanwa da rinannun tufafi da fatu a kan jakuna, su wuce Salaga ta ƙasar Gwanja su dawo da goro. Wasu suka yi aure a unguwar Wangara, suka koyi Dendi, suka zauna. Kakan Baba yana cikinsu. Amma ayari ba ya barin rasit.

Na hau mota zuwa Jugu, tafiyar kilomita 130 da 'yan kai, wurin ƙanen mahaifina. Da na gama bayani sai ya yi shiru, sannan ya ce, "Yanzu kai, ɗan Yaya, sai ka kawo shaidar a nan aka haifi ubanka? Ga ɗakin can da aka yanke masa cibiya." Na ce, "Baffa, ɗaki ba ya shiga jaka." Ya sa aka jawo masa wata tsohuwar adaka daga ƙarƙashin gado. Muka wuni muna zaro takardu: rasit na haraji, wasiƙun ajami, katin zaɓe da ya koɗe. Can ƙasa muka tarar da takardar alƙali, irin wadda ake yi wa wanda ba a rubuta haihuwarsa a kan lokaci ba. An yi ta ne sa'ad da Baba zai nemi lasin tuƙi. Ba rana, ba wata, sai shekara da kalmar Faransanci mai nufin "wajajen". Amma an rubuta Jugu a wurin haihuwa, kuma wannan kalma ɗaya nake nema.

Sauran wahalar ta suna ce. A nan Abubakar kan koma Boukari, Muhammadu ya koma Mama, gwargwadon kunnen magatakardan da ya riƙe alƙalami. Sunan Baba a takardarsa daban, a tawa daban. Gyaran ya ci mini wata biyu kafin fasfo ya fito.

Ni namiji ne mai uba haifaffen ƙasa, saboda haka tawa mai sauƙi ce. Ƙanwata ta auri mutumin Gaya, 'ya'yanta huɗu duk a Paraku aka haife su. Tsohuwar doka ba ta ba uwa ƙarfin da ta ba uba ba wajen gadar wa ɗa ƙasa. Kotun tsarin mulki ta ce wannan bambanci ya saɓa wa tsarin mulki tun 2014, amma sai a Disambar 2022 aka samu sabuwar doka da ta daidaita su. Da can ba wanda ya damu, tunda Malanbil da Gaya gada ce kawai tsakaninsu. Bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023 aka rufe gadar, a Janairun 2025 kuma Nijar ta fice daga CEDEAO. Yaran da a da ke cewa su na ko'ina ne, yanzu dole a san takardar wace ƙasa ce a aljihunsu.

A 2024 Benin ta yi dokar bai wa jikokin bayin da aka kwashe zuwa ƙetare damar zama 'yan ƙasa, har mawaƙiyar Amurka Ciara ta karɓi tata takardar a 2025. Ban ji haushi ba ko kaɗan. Wanda aka fitar da kakansa ta Wida a ɗaure ya cancanci a buɗe masa ƙofa. Sai dai ina so a yi irin wannan ɗoki ga tsohuwar da ke sayar da koko a Zongo, wadda ba ta taɓa wuce Kandi ba, ba ta kuma da ko ƙyallen takarda.

Takardar Baba na yi mata kwafi bakwai, na raba wa 'yan'uwana. Ta ainihin kuwa Baffa ya ce a mayar masa da ita adaka. Shi kansa har yau bai nemi tasa ba. In na yi masa maganar sai ya ce, "Duk Jugu wa zai tambaye ni?"