Yaushe Za A Kwance Wa Karen Gadi Sarƙa?

'Yar'uwa, duk ranar da maigida ya shigo da ɗan kwikwiyo ya ce na gadi ne, ki sani ke za ki wuni da shi, ke da yaranki. Shi kam ya fice nema. Don haka ni a ganina uwargida ta fi kowa sanin ranar da ya isa a sake shi.

Maza haushi suke aunawa. Da sun ji gida ya ɗauki kuwwa sai su ce kare ya kai. To wallahi sau da yawa tsoro ne. Ki duba shi da kyau. In yana haushi yana ja da baya, jela a matse tsakanin cinyoyi, kunnuwa a kwance, wannan matsoraci ne, kuma irinsa ne ke cafke yaro ba gaira ba dalili. Ɗaure shi a rana da hana shi abinci wai don ya yi zafi, lalata shi kawai yake yi.

Ni abin da nake dubawa shi ne tsayawa. Ga shi ya zabura kan baƙo, kika daka masa tsawa sau ɗaya, ya tsaya cak ya dawo gare ki? In sai muryar maigida yake ji, bai isa ba, tunda maigida ba ya nan sa'ad da almajiri zai leƙo da kwanonsa, ko ɗan garuwa ya turo kura, ko 'yar talla ta faɗo tsakar gida a guje. Ki gwada shi da waɗannan duka, igiya na hannun babba, ba sau ɗaya ba, ba rana ɗaya ba. Sannan a sa wani baƙo ya jefa masa nama ta kan katanga. In ya lanƙwame, ai kin san dabarar ɓarayi ke nan.

Kada girman jiki ya ruɗe ki. Irin manyan nan na Jamus da 'yan sanda ke riƙewa, jikinsu kan cika da wuri, amma hankali sai wajen wata 18 zuwa shekara 2.

Allurar haukan kare kuwa babu wasa. Tun yana wata 3 ake fara ta wurin likitan dabbobi, a riƙa sabuntawa duk shekara. Ki karɓi takardar ki adana a ƙasan akwatinki, domin ranar da tsautsayi ya faɗa kan ɗan maƙwabta, ita za a fara tambayarki a asibiti.