Shekarar da Baffa Ya Yi Shiru

Shekarar da rake ya yi kwantai a kasuwar Makarfi, bashin taki ya danne Baffana, manomi a Kudan. Barci ne ya fara ƙaurace masa, sannan tuwo ya daina shiga, daga bisani ya yanke zuwa majalisa. Gida ya rabu biyu: wasu suka ce sammu ne, wasu suka ce raunin tawakkali. An yi ruƙiya, an sha rubutu, Baffa dai yana zaune yana kallon bango.

Ni na matsa aka kai shi asibitin koyarwa na Shika. Likita ya ce ciwon damuwa ne, cuta mai taɓa aikin ƙwaƙwalwa, kuma maganinta sai ya yi makonni kafin a ga tasirinsa. Da ya gama rubutu ya dube ni: "Samari, bashin nan fa, wa zai sauke masa?"

Tambayar ta zauna mini a rai. Daga baya na karanta cewa a 1954 likita Thomas Adeoye Lambo ya fara saukar da majinyata tare da danginsu a ƙauyukan Aro, kusa da Abeokuta, domin ya fahimci ƙwaya kaɗai ba ta raba mutum da abin da ya kayar da shi.

Dangi suka yi karo-karo aka sallami mai taki a Ikara, abokansa suka kira gayya. Magani ya dawo wa Baffa da barci. Muryarsa kuwa sai ranar gayyar na ji ta, yana faɗa wai an karkata masa kunya.