Bin Sawun Sunan Erik a Ƙasar Suwidin

Duk wanda ya sauka a birnin Stokholm, ko bai so ba sai ya yi ido biyu da fuskar wani sarki mai gashi har wuya, da kambi a ka, an zana shi da ruwan zinariya a kan shuɗi. Tana jikin tutar birnin, tana ƙofar makarantu da ɗakunan karatu, tana jikin motocin hukumar gari. Tun shekarar 1376 wannan fuska ke kan hatimin birnin. Ka shiga jirgin ƙarƙashin ƙasa, za ka ji an kira tashar Sankt Eriksplan. Ka fito, sai ka tsinci kanka a kan titin Sankt Eriksgatan. Mai fuskar sunansa Erik, kuma a yau da wuya ka shiga wani ofis ko wata unguwa a Suwidin ba ka tarar da takwaransa ba, domin shi da Karl su ne sunayen maza da suka fi yawa a ƙasar.

Sunan ya girmi birnin, ya kuma girmi zuwan Kiristanci yankin. A tsohon harshen mutanen arewacin Turai ana cewa Eiríkr, kuma gaɓa biyu aka haɗa. Ta biyun ba gardama a kanta: tana nufin mai iko, mai mulki, kuma tushenta ɗaya da kalmar da ke ƙarshen sunan da 'yan ƙasar ke kiran ƙasarsu, Sverige, wato daular mutanen Svea. A kan gaɓar farko ce masana suka rabu. Wasu sun ce asalinta kalmar da ke nufin "ɗaya" ce, wasu suka ce "kullum" ce. Ke nan Erik ko dai "mai mulki shi kaɗai" ne, ko "mai iko a koyaushe". An sami sunan sassaƙe a jikin dutsen Sparlösa da ke lardin Västergötland, wanda aka kafa wajen shekara ta 800.

Mutanen wancan zamani ba sa nisa wajen neman suna. Björn shi ne dabbar nan beyar ta dazukansu, Ulf kyarkeci, Sten dutse, Sven saurayi, Torsten kuwa dutsen Tor, abin bautarsu na tsawa. Da Kiristanci ya kafu, sai sunayen Littafi Mai Tsarki da na waliyyan coci suka kwararo: Johan, Anders, Per, Lars, Nils. Da yawa daga cikin sunayen gargajiya suka ja baya, wasu suka ɓace ɗungurum, sai a ƙarni na 19 aka sake tono wasunsu. Erik bai taɓa barin bakin mutane ba. Dalilin haka yana birnin Uppsala, kuma shi ya sa na kama hanya.

Daga Stokholm zuwa Uppsala kimanin kilomita 70 ne, tafiyar minti 40 a jirgin ƙasa. A watan Mayu na je, lokacin da sanyi ya saki ƙasar, itatuwa suka yi sabon ganye, rana kuma ba ta faɗuwa sai bayan ƙarfe tara na dare. Tun jirgi bai tsaya ba ake hango hasumiyoyi biyu na babban cocin garin, na jan tubali, masu tsawon kusan mita 119. An soma gininsa wajen 1270, ba a buɗe shi ba sai 1435. Ka ƙetare kogin Fyris a kan gada, ka kauce wa ɗalibai da kekunansu, ka hau ɗan tudu, ka iso.

A ciki, a wani ɗan ɗaki da aka kange da ƙarfe, akwai akwatin azurfa da aka shafe da zinariya, mai rufi irin na gida, an yi masa ado dalla-dalla. Ƙasusuwan Sarki Erik Jedvardsson ne a ciki, tare da kambin da aka binne shi da shi, wanda shi ne kambin sarauta mafi daɗewa da ya rage a Suwidin. Labarin da aka gada ya ce ranar 18 ga Mayu, 1160, sarkin yana cikin ibada aka zo aka ce masa Magnus Henriksson, wani ɗan sarautar Danmak mai neman gadon mulki, ya iso da mayaƙa. Ya ce sai an idar. Da ya fito aka far masa, aka kayar da shi daga doki, aka sassare shi, aka fille masa kai. An ce inda jininsa ya zuba ruwa ya ɓuɓɓugo. A gangaren cocin, kusa da kogi, har yau akwai wani tsohon famfo na ƙarfe da ake kira maɓuɓɓugar Erik.

Fafaroma bai taɓa ayyana shi a matsayin waliyyi ba, jama'a ne suka ɗauke shi haka, suka riƙa rantsuwa da sunansa, suna raɗa wa 'ya'yansu. Da haka suna na zamanin gumaka ya sami wurin zama a cikin coci, ya tsira daga abin da ya cinye 'yan'uwansa.

Abin da ya fi burge ni shi ne yadda mutanen nan ba sa tsoron a binciki abin da suke girmamawa. A 2014 hukumar cocin ta yarda aka buɗe akwatin, masana daga Jami'ar Uppsala suka duba ƙasusuwan. Suka tarar na namiji ne ƙaƙƙarfa ɗan shekara 35 zuwa 40, mai tsawon santimita 171. Akwai sara a ƙasusuwan ƙafafunsa, kuma an datse ɗaya daga cikin ƙasusuwan wuyansa. Abin da kakanni suka faɗa da baki, sai ga ƙashi ya ba da shaida bayan shekara fiye da 850. Da binciken ya saɓa wa labarin ma, da sun buga shi haka nan.

Daga ƙofar cocin wata hanyar ƙafa ta tashi, mai suna Eriksleden, tsawonta kimanin kilomita 6, ta bi gefen kogi da gonaki zuwa Gamla Uppsala, wato tsohuwar Uppsala. A can aka fara binne sarkin kafin a dawo da ƙasusuwansa sabon gari a 1273, kuma a da kowace shekara akan ɗauki akwatin a yi jerin gwano tsakanin garuruwan biyu ana roƙon albarkar gona. Na bi ta da ƙafa. A ƙarshenta manyan tuddai uku ne a jere, lulluɓe da ciyawa, kaburburan manyan mutane na wajen ƙarni na 6 da na 7. Babu mai gadi da bulala, babu mai sayar da tikiti a kan hanya, sai alluna masu bayani da iyalai zaune a ciyawa da butar kofi. Wurin tsaf, ko leda ɗaya ban gani ba.

A sabon gari kuwa, a farfajiyar Jami'ar Uppsala, wadda aka kafa a 1477, an jera duwatsu masu rubutun da, irin wanda ake kira runa. Lardin Uppland kaɗai yana da sama da dubu. Ka matsa kusa, za ka ga an sassaƙa maciji ya naɗe a jikin dutsen, haruffan suna bin bayansa daga kai har wutsiya, an cike su da jan fenti don su fito. Kusan duk abu ɗaya suke faɗa: wane da wane ne suka sa aka kafa wannan dutse don tunawa da wane, ubansu ko ɗan'uwansu. Manoma ne na ƙarni na 11 da suka ga babu abin da ya kamata ya wanzu kamar sunan nasu. Daga waɗannan duwatsu ne masana ke sanin sunayen da ake raɗawa shekara dubu da ta wuce, kuma a nan Uppsala ne Cibiyar Harshe da Al'adun Gargajiya ta ƙasar ke ajiye da taskar sunayen mutane da na wurare.

Sunan yana da wata hanyar da ta fi wannan tsawo. A kudu maso gabashin Uppsala akwai fadamar Mora, inda a da ake taruwa a zaɓi sarki a ɗora shi a kan dutse. Wani ɗan ɗaki da aka gina a 1770 yana ɗauke da gutsattsarin duwatsun da suka rage. Amma zaɓen Mora bai isa ba. Doka ta wajabta wa sabon sarki ya hau doki ya zaga lardunan ƙasar, yana bin yadda rana ke tafiya: Södermanland, Östergötland, Småland, Västergötland, Närke, Västmanland, sannan ya dawo. A kowace iyaka mutanen lardi su tare shi, su ba shi mutanen jingina don tabbatar da amincinsa, shi kuma ya yi rantsuwar kiyaye dokarsu, sannan su amince da shi. Wannan rangadi shi ake kira Eriksgata. Masana da yawa suna ganin ba sunan wani Erik guda ba ne, ma'anar sunan ce ta asali, wato hanyar mai mulki.

Ba wasa ba ne. A rabin farko na ƙarni na 12 wani sarki mai suna Ragnvald ya raina wannan ƙa'ida, ya shiga Västergötland ba tare da karɓar mutanen jingina ba, mutanen lardin suka ɗauki abin a matsayin wulakanci suka kashe shi. A 1335 kuma, a cikin irin wannan rangadi ne Sarki Magnus Eriksson ya kafa doka a garin Skara wadda ta hana bautar da duk wanda iyayensa Kiristoci ne. Har yau idan Sarki Carl na 16 Gustaf ya fita ziyarar larduna, jaridu eriksgata suke kiranta. Suna ya ce mai mulki shi kaɗai, al'ada kuma ta ce sai ka bi gari gari ka nemi yardar talakawa.

Wasu masu sunan ma ba su daɗe a kan gado ba. Erik na Uppsala 'yan shekaru kaɗan ya yi. Erik na 14, ɗan Sarki Gustav Vasa, ya hau a 1560, 'yan'uwansa suka tuɓe shi a 1568, ya mutu a tsare a 1577; da aka buɗe kabarinsa a Västerås a 1958, an sami gubar asenik a jikinsa. Lambar 14 ɗin ma daga wani littafin tarihi na 1554 ya ɗauko ta, wanda marubucinsa, Johannes Magnus, ya cika shi da sarakunan da ba a taɓa yi ba. 'Yan Suwidin da kansu suke ba ka wannan labari suna dariya.

Ranar 18 ga Mayu ta riske ni a gidan mai masaukina, wani dattijo tsohon malamin makaranta. A kalandar da ke rataye a kicin ɗinsa, ƙarƙashin kusan kowace rana an rubuta suna ɗaya ko biyu. Wannan shi ne namnsdag, ranar suna. Asalinta ranakun tunawa da waliyyan coci ne, amma yanzu ta zama al'adar kowa, kuma jerin da ake aiki da shi an tsara shi ne a 2001. Ranar Erik ita ce ranar da aka kashe sarkin. Ba biki ake yi ba. Akwai mai sunan a cikin jikokinsa, sai aka kawo kek da burodin kirfa mai naɗi, aka zuba kofi, aka ce masa grattis, wato barka, kowa ya koma harkarsa. Dattijon ya gaya mini cewa manoman da da wannan rana suke auna shekara: in hatsinsu ya fitar da kai ranar Erik, to ranar Olof, 29 ga Yuli, za a ci sabon burodi. Ranar sunan sarki mai ci, 28 ga Janairu, har tuta ake ɗagawa a faɗin ƙasa.

A wurinmu ranar bakwai ake yanka rago a raɗa suna. A Suwidin iyaye suna da wata uku, kuma hukumar haraji, Skatteverket, ake kai wa sunan, domin ita ce ta karɓi rajistar jama'a daga hannun coci a 1991. Tana da ikon ƙin sunan da zai zame wa yaro abin kunya. Kafin ita, tun dokar 1686 limaman coci ke rubuta kowace haihuwa da aure da mutuwa, kuma tun 1749 ƙasar ke tattara ƙididdigar jama'arta ba yankewa. Shi ya sa ɗan Suwidin zai zauna gaban kwamfuta ya bi kakanninsa har shekara 300 baya.

A cikin waɗannan littattafai ne ake ganin yadda Erik ya haifi wasu sunaye. Ɗan Erik shi ne Eriksson, 'yarsa Eriksdotter, kuma a da kowane ɗa da sunan ubansa ake kiransa, yadda mu ma muke yi. Daga ƙarshen ƙarni na 19, musamman bayan dokar 1901, sai sunan ya tsaya ya zama na zuriya. Eriksson yana cikin sunayen zuriya biyar da suka fi yawa a ƙasar. Lars Magnus Ericsson, wanda ya buɗe shagon gyaran na'urorin tangaraho a Stokholm a 1876, sunansa daga jikin wannan suna ya fito, kuma duk wanda ya taɓa riƙe wayar Sony Ericsson ya riƙe sunan a hannunsa. Haka Sven-Göran Eriksson, wanda ya horar da ƙungiyar ƙwallon ƙafa ta Ingila daga 2001 zuwa 2006. Dokar sunaye ta 2017 kuma ta sauƙaƙa wa duk mai so ya koma tsohuwar hanya, ya ɗauki sunan ubansa ko na uwarsa ya ƙara masa "ɗa" ko "'ya".

Na ga gine-gine da jiragen ƙasa masu zuwa a kan lokaci a Suwidin, amma ba su ne suka fi tsaya mini a rai ba. Abin da na yaba shi ne mutanen da suka ɗauki suna a matsayin dukiyar ƙasa: suka sassaƙa shi a dutse, suka rubuta shi a littafi, suka ba shi rana a kalanda, suka kafa masana don bin asalinsa. Mu ma muna da Tanko da Bawa da Barau da Ɗantala, kowanne da dalilin da ya sa ake raɗa shi, kuma tsofaffin da suka san dalilan suna ta ƙarewa. Wanda ke da kaka a raye, ya je ya tambaye ta, ya kuma tafi da biro da takarda.